Ragowar ƙyafaffen naman ƙirji: Yadda ake haɗa fahita da shi, da ƙa'idojin ajiyarsa

A Kunduru da sauran garuruwan Kankiya da Kusada, a tsakiyar jihar Katsina, nama ba ya yalwata a gida sai a wasu ranaku ƙididdigaggu: Babbar Sallah, ranar watanda, suna ko biki. Idan kuwa ya zo, tashi ɗaya yake zuwa, fiye da abin da iyali za su iya ci a yini guda. Shi ya sa mutanen ƙasar Hausa suka daɗe da sanin dabarun adana shi, kamar suya, kilishi, dambun nama da ƙyafewa a kan wuta.

Ƙyafaffen nama yana da wata matsala tasa. Idan ya kwana ya yi sanyi, kitsensa ya daskare, wanda bai sani ba sai ya mayar da shi wuta mai ƙarfi, ya fito a bushe kamar fata. Wani kuma ya bar shi a kwano yana ganin hayaƙi ya riga ya tsare shi, alhali yana lalacewa. Akwai wani abincin jihar Teksas ta Amurka da ke magance matsalar farko, wato fajita, wanda ake furtawa fahita. Matsala ta biyu kuwa ba ta da magani sai kiyaye ƙa'ida.

Asalin fahita

Kalmar daga Sifaniyanci take, inda "faja" ke nufin ɗamara ko abin ɗaura a ƙugu, "fajita" kuma ƙaramar ɗamara. An raɗa wa abincin sunan ne saboda wani siririn nama mai tsawo da ke shimfiɗe a ƙarƙashin haƙarƙarin sa. A shekarun 1930, masu garken shanu na kudanci da yammacin Teksas kan ba makiyayansu 'yan asalin Meksiko sassan da ba su da daraja a kasuwa, irin su kai da kayan ciki da wannan siririn nama, a matsayin wani ɓangare na ladansu. Makiyayan sai su gasa shi a kan garwashi, su yanka shi sala-sala, su naɗe a cikin tortiya, wata siririyar gurasa ta masara ko ta alkama.

Abincin ya shiga kasuwa a 1969, lokacin da wani mai sana'ar nama, Sonny Falcón, ya sayar da shi a wani biki a garin Kyle. Ninfa Laurenzo ta buɗe gidan abincinta a birnin Houston a 1973, ta ƙara masa suna. A yau ana yin fahita da naman kaza da jatan lande da duk wani naman da ya samu, amma ginshiƙinta bai sauya ba: nama sala-sala, albasa, tattasai da abin naɗewa.

Bakatsine ba zai ga baƙon abu a nan ba. Gurasa da balangu ko tsire, da yankakkiyar albasa da yaji, haɗi ne da aka saba da shi daga Kano har Maraɗi. Bambancin kawai shi ne a fahita ana soya albasar da tattasan a wuta mai zafi, sannan a ci komai da ɗuminsa.

Me ya bambanta naman ƙirji?

Ƙirji shi ne naman da ke tsakanin ƙafafun sa na gaba. Da yake shanu ba su da ƙashin wuyan da ke tallafe kafaɗa, wannan tsoka ce ke ɗauke da babban kaso na nauyin dabba, saboda haka cike take da jijiyoyi. Shanun da suka yi doguwar tafiyar kiwo, irin waɗanda ake kawowa kasuwannin Charanchi da Mai'aduwa, ƙirjinsu ya ma fi tauri. Gashin gaggawa ba ya yi masa komai sai ƙarin tauri. Abin da yake so shi ne wuta kaɗan da dogon lokaci, har jijiyoyin su narke su koma danƙo mai riƙe romo.

A tsakiyar Teksas, inda mahauta 'yan asalin Jamus da ƙasar Cek suka kafa wannan sana'a tun ƙarni na 19, ana ƙyafe ƙirji a zafin da bai wuce digiri 107 zuwa 121 a ma'aunin Salshiyos ba, na tsawon awa 10 ko fiye. A Yamai da Damagaram da Maraɗi ma, haka ake jera ragunan layya a kan sanduna a kewaye da wuta, ba a kanta ba, su yini suna gasuwa a hankali. Hikimar ɗaya ce.

Ƙirji kashi biyu ne: shimfiɗaɗɗen ɓangare mai ƙarancin kitse, da dunƙulallen ɓangare mai maiƙo. Na farko ya fi saurin bushewa idan aka ɗumama shi, na biyu kuwa yana jure wuta.

Kayan haɗi

Ga abin da zai ishi mutum huɗu zuwa biyar: rabin kilo na ƙyafaffen naman ƙirji, manyan albasa 2, tattasai 3, attaruhu 1 ko 2, tafarnuwa sala 3, lemon tsami 2, man gyaɗa cokali 2, rabin kofin romon nama, da gishiri da masoro da yajin ƙuli daidai buƙata. Wanda yake da kakiɗen layya zai iya sa shi a madadin man gyaɗa. Abin naɗewa kuwa, gurasa ce ta fi kusa da tortiya. In ba ta samu ba, sinasir ko siririyar wainar fulawa da aka gasa a busasshen kasko sun wadatar.

Yadda ake haɗawa

Da farko a yanka naman tun yana da sanyi, domin a lokacin ya fi tsayawa ga wuƙa. A duba inda zaren tsokar ya nufa, a yanka a gicciye, kaurin kowane sala kamar na fensir. Wannan shi ne matakin da ya fi kowane muhimmanci: naman da aka yanka bisa tsawon zarensa sai an yi ta jan sa da haƙori, komai daɗewarsa a wuta. Da yake zaren ɓangarorin biyu ba wuri ɗaya ya fuskanta ba, ya fi kyau a raba su kafin a soma yanka.

Sai a ɗora kaskon ƙarfe a wuta ya yi zafi sosai, a zuba mai, a sa albasa da tattasai da aka yanka a tsaye. A bar su minti 5 zuwa 7, ba tare da yawan juyawa ba, har gefensu ya soma ja amma ba su saki jiki ba. Idan kaskon ƙarami ne, a soya su kashi biyu, domin cunkoso yana sa su fitar da ruwa su dahu maimakon su soyu. A ƙara tafarnuwa da attaruhu a minti na ƙarshe, a kwashe.

Daga nan a rage wuta, a jera naman a kaskon, a zuba romo, a rufe na minti 3 zuwa 4. Ba dafa shi ake yi ba, tunda ya riga ya nuna. Tururin ne zai narkar da kitsen da ya daskare, ya mayar masa da laushinsa. Idan ya yi zafi har ciki, a buɗe, a mayar da albasa da tattasai, a juya sau ɗaya ko biyu, a sauke, a matse lemon tsami. A ɗanɗana kafin a sa gishiri, domin ƙyafaffen nama da gishirinsa yake zuwa. A ɗumama gurasar, a tsaga ta, a cika, a barbaɗa yaji.

Hayaƙi ba shanya ba ne

A nan ne ake yawan kuskure. Kilishi yana daɗewa ne saboda an yanka shi siriri, rana da wuta sun fitar da ruwansa. Ƙyafaffen ƙirji kuwa dunƙule ne mai danshi a ciki, don haka hukuncinsa hukuncin dafaffen nama ne.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar kada a bar dafaffen abinci a waje fiye da awa 2, kuma a ajiye shi ko dai ƙasa da digiri 5 ko sama da digiri 60. Ma'aikatar Noma ta Amurka ta rage wa'adin zuwa awa 1 idan zafin gari ya haura digiri 32, abin da a Katsina ba labari ba ne, musamman daga Maris zuwa Mayu. Ta kuma ce ragowar nama na iya yin kwana 3 zuwa 4 a firiji, a kuma ɗumama shi ya kai digiri 74. A ƙiyasin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2015, mutum miliyan 600 ke kamuwa da cuta daga gurɓataccen abinci a duk shekara, 420,000 su rasu, kuma nahiyar Afirka ce ta fi jin jiki gwargwadon yawan jama'arta.

Abubuwa biyu ya kamata a riƙe. Na ɗaya, hanci ba alƙali ba ne: wasu ƙwayoyin cuta suna hayayyafa a nama ba tare da ya sauya wari ko launi ba, ƙamshin hayaƙi kuma yana iya rufe ɗan canjin da ya samu. Na biyu, ɗumame ba ya gyara abin da ya riga ya ɓaci, domin akwai ƙwayoyin da ke barin dafin da wuta ba ta kashe shi. Yara ƙanana, masu juna biyu da tsofaffi su ne suka fi shiga haɗari.

Kwanaki 3 zuwa 4 ɗin nan na firijin da ba ya rasa wuta ne. A inda lantarki ke zuwa yana ɗaukewa, ko babu shi ɗungurungum, abin da ya fi shi ne a ware abin da za a ci a ranar, a yi fahita da shi, a aika wa maƙwabta da dangi rabonsu tun yana da ɗumi. Sauran kuma a yayyanka shi ƙanana a soya har ruwansa ya ƙone, ko a daka a yi dambu, kamar yadda iyaye mata suka saba yi da naman layya. Naman da ya yi yauƙi, ko ya yi tsami, ko ya kwana a waje cikin zafi, zubar da shi ya fi kuɗin asibiti sauƙi.