Autar Gidan Samsung da Labarin da Aka Sauya

A manyan gidajen kasuwancin Koriya ta Kudu, tun bayan da Lee Byung-chul ya kafa Samsung a 1938, ana tsaron sunan iyali kamar jarin kamfani. Lee Yoon-hyung, autar shugaban Samsung na lokacin, Lee Kun-hee, ta rasu a New York a Nuwamban 2005 tana shekara 26. Da fari aka ce haɗarin mota ne, daga baya ta bayyana ita ta kashe kanta. Wani zai ce rufin asiri ne ga iyayen da ke makoki, kuma da gaskiyarsa. Sai dai tana da hannun jari a kamfanin Everland, wanda a lokacin ta kansa iyalin ke juya rukunin kamfanonin Samsung duka, don haka rasuwarta ba lamarin iyali kaɗai ba ne. Da shiru suka yi, ba mai zarginsu. Labarin haɗarin ne ba shi da uzuri.