Don Letts: Daga Faifan Garmaho zuwa Kyamara

Don Letts makaɗi ne kuma mai shirya finafinan tarihi ɗan Birtaniya. An haife shi a Landan ranar 10 ga Janairu, 1956, iyayensa kuma mutanen Jamaika ne da suka yi ƙaura zuwa Ingila. Bakin masu rubutu a kansa bai zo ɗaya ba: wasu na lissafa shi cikin mawaƙa, wasu cikin 'yan fim, wasu kuma na cewa shi ya koya wa matasan punk sauraren kiɗan rege.

A tsakiyar shekarun 1970 Letts yana kula da wani shagon tufafi mai suna Acme Attractions a titin King's Road, inda yake sakin kiɗan rege da dub daga safe har yamma. Shagon ya zama matattarar samarin da suka kafa punk a Landan, wato kiɗan nan mai sauri da kaushi na matasan da suka gaji da zaman kashe wando.

Andy Czezowski, wanda ya taɓa riƙe wa shagon lissafin kuɗi, shi ya buɗe gidan rawa na Roxy a titin Neal da ke unguwar Covent Garden, ya ɗauki Letts aikin saka faifai. An yi 'yan wasanni a can a Disambar 1976, shi ya sa wasu ke kafa tarihin gidan daga nan, amma buɗewa ta sosai ita ce ta 1 ga Janairu, 1977, daren da ƙungiyar The Clash ta yi wasa. Zamanin Czezowski a gidan ya ƙare a watan Afrilu, bayan kwana ɗari ko kusa da haka.

A lokacin faifan punk bai taka kara ya karya ba, don yawancin ƙungiyoyin ba su shiga situdiyo ba tukuna. Sai Letts ya riƙa cike giɓin da faifan Jamaika. Cewa shi kaɗai ya kawo rege cikin punk akwai ƙarin gishiri, domin John Lydon na Sex Pistols da Paul Simonon na The Clash sun san kiɗan tun suna yara. Abin da ya yi shi ne haɗa masu punk da masu rege a ɗaki guda, a shekarun da ƙungiyar National Front ke rura wutar ƙin baƙar fata a titunan Ingila.

A Roxy ɗin ya fara ɗaukar hoto da ƙaramar kyamarar Super 8, ba tare da ya je makarantar fim ba. Ya ɗauki The Clash da The Slits da X-Ray Spex da Siouxsie and the Banshees, a kan dandamali da bayan fage. Daga nan aka samu The Punk Rock Movie, wanda aka ɗauka a 1977 ya fita kasuwa a 1978. Hoton na rawa, sautin ba tsabta, amma kusan duk mai shirya fim kan wannan zamani sai ya koma gare shi.

A 1984 ya kafa ƙungiyar Big Audio Dynamite tare da Mick Jones, bayan fitar Jones daga The Clash. Letts bai ƙware a kayan kiɗa ba. Gudummawarsa ita ce rubuta waƙa da cusa guntayen maganganun finafinai cikin kiɗa. Da ya bar ta sai ya kafa Screaming Target.

Fim ɗinsa kan The Clash, Westway to the World, ya ci lambar Grammy a 2003. Punk: Attitude ya biyo baya a 2005, kundinsa na farko shi kaɗai, Outta Sync, ya fito a 2023. Duk da haka, aikinsa mafi nauyi shi ne na 1977, don ba domin kyamararsa ba da yawancin abin da ya faru a Roxy ya tsaya a labarin baka.