Dokokin Duniyar Gizo: Nazari daga Ƙasar Magarya da Dungas

Masu nazari sun daɗe suna ɗaukar tatsuniya a matsayin makarantar tarbiyya, kuma suna da gaskiya. Sai dai wannan kallo ya danne wata tambaya: bisa wace doka abubuwa ke aukuwa a duniyar Gizo da Ƙoƙi? Marubucin Ingila Terry Pratchett, a littafin da suka fitar tare da Ian Stewart da Jack Cohen a 1999, ya ƙago wani sinadari mai suna narrativium, ya ce shi ke juya duniyarsa ta ƙage, inda abu ke faruwa don kawai labari na bukatarsa. Raha ya yi, amma akwai abin dubawa. A ganina tatsuniyar Hausa tana da nata ilimin fiziks, kuma abin da ke motsa komai a cikinta furuci ne.

Mu dubi tatsuniyar Ruwan Bagaja, ta bakin tsofaffi, ba littafin Abubakar Imam na 1934 ba. An tura 'yar bora ta wanko kirgi. Nisan tafiyarta ba a ƙidaya shi da zango. Ana ƙidaya shi da yawan ruwayen da ta tsaya ta yi wa waƙa, kuma ba ta wuce ko ɗaya sai ya amsa mata. Da ta iske abin al'ajabi, ta gaishe shi da ladabi, ta kame bakinta. Aka ba ta ƙwai, ta fasa inda aka ce ta fasa, dukiya ta fito. 'Yar mowa ta bi hanya ɗaya, ta iske abubuwa ɗaya, ta saki baki, ƙwanta ya fashe da masifa. Hanya ba ta sauya ba, ƙwai ma ƙwai ne. Abin da ya bambanta shi ne abin da kowace ta faɗa. Shi kansa Gizo ba ƙarfi gare shi ba: da tsamin bakinsa yake kayar da giwa da kura.

Masani Vladimir Propp ya ƙirga matakai 31 a tatsuniyoyin Rasha a 1928, kuma da yawansu sun hau kan namu. Amma daga takarda ya yi aikinsa, takarda kuwa ba ta gardama. A tsakar gida da dare, in mai ba da labari ta tsallake ruwa ɗaya ko ta bar 'yar mowa ta tsira, yara ne za su tare ta su ce ba haka take ba. Su ne masu tsaron dokar. Har lokaci an kafa wa tatsuniya: wanda ya yi tatsuniya da rana, in ji manya, ɓata zai yi a kasuwa.

Dalilin da ya sa na zaɓi kudancin Damagaram, inda Magarya da Dungas suke, shi ne, a nan dokokin sun tsallako cikin tarihi. Gidan sarautar Magarya daga Daura yake jawo asalinsa, cikin zuriyar da jihadin farkon ƙarni na 19 ya fitar, 'yan'uwan na Zango da Ɓaure. Tushen wannan asali labarin Bayajida ne, kuma ƙirarsa ta tatsuniya ce zalla. Baƙo ya sauka da dare wurin tsohuwa. Maciji ya tare rijiyar Kusugu, ba a ɗiban ruwa sai Juma'a. Sarauniya ta yi alkawarin lada, masu ƙarya suka yi ta da'awar kisa, sai wanda kan macijin ke hannunsa ya bayyana. Alkawarin da aka furta shi ya jawo aure, aure ya haifi Bawo, daga nan aka lissafo Hausa Bakwai. Masanin tarihi na iya shakkar maciji, amma ba zai musa cewa an naɗa rawuna da ƙarfin wannan labari ba.

Dungas kuwa tana cikin ƙasashen Sosebaki tare da Waca da Mirya, masu danganta kakansu da Barno: nan ma baƙo ne daga gabas. Lokacin da ayarin Bafaranshe Tilho ya zo shata iyakar yankunan da Faransa da Ingila suka mallaka tsakanin 1906 da 1909, tafintansa Landeroin ya rubuta irin waɗannan labarai daga bakin mutanen fada. Daga ranar labaran sun shiga wani hali. A baki, kowane gida na iya faɗar nasa, masu sauraro su tace. A takarda, ruwaya ɗaya ce ta zauna, ita malaman tarihi ke komawa gare ta, kuma babu yaran da za su tare marubucin su ce ya tsallake ruwa.