Shaidar Likita a Neman Diyyar Haɗarin Mota

A dokar Najeriya, wanda ya ji rauni a haɗarin mota saboda sakacin wani direba yana da damar neman diyya. Sai dai nauyin kafa hujja yana wuyansa: shi ne zai nuna cewa an yi sakaci, kuma sakacin ne ya jawo masa raunin. Rahoton 'yan sanda ko na Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, FRSC, yana bayyana yadda haɗarin ya auku. Abin da ya sami jikin mutum kuwa, takardun asibiti ne kan faɗe shi.

Mafi nauyi a cikinsu ita ce ta ranar farko, wato abin da likitan sashen gaggawa ya rubuta a kati: lokacin da aka kawo majinyaci, inda raunin yake, da abin da ya ce ya same shi. Wannan rubutu ne ke ɗaure rauni da haɗari. Idan mako uku ya wuce kafin a ga likita, lauyan kamfanin inshora zai ce mai yiwuwa ciwon bayan daɗaɗɗe ne, ko wata faɗuwa ce daban ta kawo shi. Bugun kai da ciwon wuya sukan ɓoye na kwanaki, don haka ko da mutum ya fito daga mota da ƙafarsa, zuwa asibiti a ranar ya fi masa. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana asibiti ƙin karɓar wanda ke buƙatar kulawar gaggawa.

A nan ne al'ada kan yi karo da shari'a. Da yawa daga masu karaya sukan wuce wurin mai ɗori kai tsaye, wasu ma dangi ne ke ɗauke su daga gadon asibiti don tsoron yanke ƙafa ko tsadar tiyata. Mai ɗori ba ya ajiye kati, ba ya ɗaukar hoton ƙashi, ba ya ba da rasit. Ranar da ƙafa ta warke a karkace aka nufi kotu, babu abin da za a ajiye gaban alƙali, kuma wanda ake ƙara zai iya cewa ɗorin ne ya kawo nakasar, ba motarsa ba.

Kotu na raba diyya gida biyu. Akwai wadda ake lissafa ta da ƙwabo, kamar kuɗin magani, tiyata, sufuri da albashin da aka rasa. Wannan sai an jera ta dalla-dalla a takardar ƙara an kuma tabbatar da ita, shi ya sa rasit ɗin kantin magani ma ba abin yarwa ba ne. Akwai kuma ta raɗaɗi da nakasa, wadda alƙali ke kimantawa. A nan rahoton ƙwararre, kamar likitan ƙashi, yake da tasiri, musamman idan ya bayyana ko nakasar ta dindindin ce da irin aikin da mutum ba zai ƙara iyawa ba. Dokar Shaida ta 2011 ta yarda da ra'ayin ƙwararru, kuma ana iya kiran likitan ya amsa tambayoyi.

Galibi inshorar motar da ta yi laifi ce ke biya. Daga Janairun 2023, hukumar NAICOM ta mayar da kuɗin inshorar dole ta ƙananan motoci naira 15,000 daga 5,000, ta kuma ɗaga iyakar diyyar ɓarnar dukiya zuwa naira miliyan 3. Wannan adadi na dukiya ne, bai shafi rauni ko rasa rai ba. Lokacin shigar da ƙara yana da wa'adi, wanda ya bambanta daga jiha zuwa jiha, kuma idan jami'in gwamnati a bakin aiki ake ƙara, dokar tarayya ta taƙaita shi zuwa wata 3.