M. B. Shetty

Muddu Babu Shetty, wanda aka fi sani da Shetty, ɗan wasan fina-finan Indiya ne kuma mai tsara faɗa da wasannin kasada. Ɗan yankin Mangalore ne. Da ya zo Bombay aikin kai abinci ya fara yi a gidan cin abinci, kafin dambe da gina jiki su kai shi masana'antar fim. Ya rasu a 1982.

Yawancin aikinsa a bayan kyamara yake. Shi ke auna inda naushi zai tsaya dab da haɓar jarumi, da yadda mutum zai faɗo daga bene ko ya ratsa gilashi ya tashi lafiya. Aiki ne na sai da rai, kuma jarumi ke kwashe tafin.

A gaban kyamara kuwa, ƙato ne mai tal kwabo, ba ya yawan magana, galibi yana fitowa a yaron bos. Ya fito a Kalicharan (1976), da Trishul da Don, dukansu a 1978. Masu kallo a ƙasar Hausa, daga silimun Kano irin su Plaza da Marhaba har gidajen kallon bidiyo na ƙananan garuruwa, sun san fuskarsa sarai ko da ba su riƙe sunansa ba.

Matarsa Ratna ita ma 'yar kasada ce. Ta tsaya a madadin Hema Malini a Seeta Aur Geeta (1972). Ɗansu Rohit Shetty ne ya ba da umarnin Singham da Chennai Express.