Daga Amsa Ɗaya Zuwa Tarin Amsoshi: Tarihin Matsalar Tsuntsaye Ɗari a Ilimin Aljabara

Tsakure

Wannan maƙala ta bi diddigin wata tambaya da ta daɗe tana yawo tsakanin malaman lissafi: amsoshi nawa ne ke gamsar da jerin jumlolin daidaito miƙaƙƙu? An ɗauki matsalar sayen tsuntsaye ɗari a matsayin zakaran gwajin dafi, aka bi ta daga ƙasar Sin zuwa Masar da Turai. Maƙalar ta gano cewa dabarun samo amsa sun riga tunanin ƙididdige dukkan amsoshi da ƙarnoni masu yawa.

1.0 Gabatarwa

Jumlar daidaito miƙaƙƙiya ita ce wadda ba a ninka ɓoyayyen adadi da kansa ko da ɗan'uwansa a cikinta, kamar 7x + 4y = 100. Idan aka haɗa irin waɗannan jumloli biyu ko fiye, ana neman adadin da zai gamsar da su baki ɗaya. Duk abin da ya gamsar da su amsa ce, kuma jimillar amsoshin ita ake kira tarin amsoshi. Ɗalibi yakan taso da zaton kowace tambayar lissafi amsa ɗaya gare ta, kuma magabata ma sun daɗe a kan wannan zato.

2.0 Rijiya da Kaji a Ƙasar Sin

Littafin Babi Tara na Fasahar Lissafi, wanda ya kammala haɗuwa a zamanin daular Han, ya keɓe babinsa na takwas ga irin waɗannan matsaloli guda 18. Ana jera sandunan ƙirga a kan allo, sannan a riƙa ɗebe wani layi daga wani har ɓoyayyen adadi ɗaya ya rage. Liu Hui ya yi wa littafin sharhi a shekarar 263.

Matsala ta 13 ta sha bamban da sauran. Gidaje biyar ne ke tarayya a rijiya guda, ana neman tsawon igiyar kowane gida da zurfin rijiyar. Ɓoyayyun adadi shida ke nan, alhali jumlolin biyar ne kacal. Littafin ya ce zurfin 721 ne a ma'aunin cun, igiyoyin kuwa 265 da 191 da 148 da 129 da 76. Amsar daidai ce, sai dai ninkinta biyu ko uku ma daidai ne. Littafin ya tsaya a kan guda ɗaya.

A ƙarni na 5 Zhang Qiujian ya ƙara taku. Zakara kwabo biyar, kaza kwabo uku, 'yan tsaki uku kwabo ɗaya, kuma ana son tsuntsaye 100 da kwabo 100. Ya kawo amsoshi uku: zakaru 4 da kaji 18 da 'yan tsaki 78, ko 8 da 11 da 81, ko 12 da 4 da 84. Ya kuma bayyana hanyar tsallakawa daga amsa zuwa amsa: a ƙara zakaru huɗu, a rage kaji bakwai, a ƙara 'yan tsaki uku. Dalilin a fili yake. Zakaru huɗu da 'yan tsaki uku tsuntsaye bakwai ne, kuɗinsu kwabo 21, daidai da yawan kaji bakwai da kuɗinsu. Saboda haka musayar ba ta taɓa ƙidaya, ba ta taɓa farashi. A nan aka fara ganin amsoshi a matsayin dangi masu tsari.

3.0 Abu Kamil da Amsoshi 2,676

Wannan fahimta ba ta bazu ko'ina ba. A cikin tarin matsalolin wasa ƙwaƙwalwa da ake jinginawa ga Alcuin, malamin fadar Sarki Charlemagne wanda ya rasu a 804, an raba mudu 100 na hatsi ga mutum 100: namiji uku, mace biyu, yaro rabi. Amsa ɗaya aka bayar, wato maza 11 da mata 15 da yara 74, alhali akwai wasu biyar da suka cika sharaɗin.

Wanda ya mayar da ƙididdigar amsoshi ainihin aikin shi ne Abu Kamil Shuja' ibn Aslam, malamin Masar da ya rayu daga wajen 850 zuwa 930, kuma ya gina a kan aljabarar al-Khwarizmi. A muƙaddimar ɗan littafinsa kan matsalolin tsuntsaye, ya ba da labarin wata matsala da ya zurfafa bincike a kanta har ya samo amsoshi ingantattu 2,676. Ya ce abin ya ba shi mamaki, kuma waɗanda ba su san shi ba sun yi masa kallon tuhuma da ya faɗa musu. Wannan ne ya sa ya rubuta littafin. Matsalar ta ƙunshi tsuntsaye iri biyar, 100 a kan dirhami 100. Da yake jumloli biyu ne ke ɗaure ɓoyayyun adadi biyar, uku daga cikinsu sakakku ne. Abin da ya hana amsoshin zama marasa iyaka shi ne ba a sayen rabin tsuntsu. Fibonacci, wanda ya amfana da ayyukan Abu Kamil, ya sanya matsalolin tsuntsaye a cikin Liber Abaci na 1202.

4.0 Yadda Turai ta Ɗinke Ɓarakar

A 1750 Gabriel Cramer ya wallafa ƙa'idar warware jumlolin da yawansu ya yi daidai da yawan ɓoyayyun adadi. A wannan shekara aka buga maƙalar Leonhard Euler da ta yi gargaɗi cewa ƙirga jumloli kawai bai wadatar ba. Ya kawo misalin 3x − 2y = 5 da 4y = 6x − 10, waɗanda jumla ɗaya ce da ta sauya riga. Abin lura shi ne yawan jumloli masu zaman kansu, kuma Georg Frobenius ne ya raɗa wa wannan adadi suna a 1879, wanda za a iya kira daraja. Ayyukan Eugène Rouché a 1875 da Alfredo Capelli a 1892 sun tabbatar da hukuncin: muddin an yarda da ɓangarorin lamba, jerin jumloli ko dai ba shi da amsa, ko yana da ɗaya tak, ko kuma amsoshinsa ba su da iyaka. Idan akwai amsa, yawan sakakkun adadi shi ne yawan ɓoyayyu a ɗebe daraja. A rijiyar Sin shida a ɗebe biyar saura ɗaya, a wurin Abu Kamil biyar a ɗebe biyu saura uku.

5.0 Kammalawa

Tsakanin sharhin Liu Hui da aikin Capelli akwai shekaru fiye da 1,600. Dabarar ɗebe layi daga layi ba ta sauya sosai ba a tsawon wannan lokaci. Abin da ya sauya shi ne tambayar da ake yi bayan an samo amsa ta farko: shin ita kaɗai ce? Ga masu tsara darussan aljabara cikin Hausa, wannan tarihi yana nuna cewa ya kyautu a koyar da tarin amsoshi tun farko, ba a ƙarshen babi ba. Matsalar zakara da kaza da 'yan tsaki ta isa mafari, domin duk ɗalibin da ya samo amsa ɗaya za a iya tura shi ya nemo sauran biyun.