Daga Majigi Zuwa Shaihu Umar: Salon Adamu Halilu



Wanda duk ke son fahimtar salon marigayi Adamu Halilu, wajibi ne ya fara da Kaduna, hedkwatar tsohuwar Jihar Arewa. A nan ne, cikin ma'aikatun da ke arewacin kogi, Gwamnati ta kafa sashen shirya finafinai, inda Halilu ya goge da aiki. Daga nan ne kuma motocin majigi kan tashi su ratsa ƙauyuka, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan sallar Isha'i, a nuna wa talakawa tsabta da noman zamani, kamar yadda aka yi a Baban Larai.

Majigi yana da ƙa'idojinsa, waɗanda suka samo asali daga Turawan mulkin mallaka. Su a zatonsu baƙin mutum ba ya iya bin hoto mai sauri, saboda haka sai a riƙe hoto guda ya daɗe, a rage yanke-yanke, sa'an nan a ajiye mai bayani da lasifika yana fassara wa jama'a abin da idonsu ke gani. Watau raini ne ya haifi wannan salo.

Gwanintar Halilu ita ce bai zubar da wannan gado ba, sai ya juya shi. A 1976 ya shirya Shaihu Umar, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa na 1934, bisa wasan kwaikwayon da Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka tsara. A cikinsa mai bayani ya bar bayan lasifika ya shigo cikin hoton kansa: Shaihu ne zaune gaban almajiransa, yana ba su labarin yadda aka sace shi yana yaro, aka ƙetara Sahara da shi. Jinkirin nan kuwa, wanda dā raini ne, ya koma natsuwa irin ta zauren malam. Mai kallo yana bin ayari cikin rairayi, har ya ji nisan tafiyar da uwar Umar ta yi wajen neman ɗanta. Fim ɗin ya haura sa'a biyu, kuma da Hausa ake magana a cikinsa, ba tare da tafinta ba.

An nuna shi a bikin FESTAC na 1977, daga nan sai ya ɓace wa idon jama'a kusan shekara 40. Sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar finafinai, aka gyara shi a Jamus, aka nuna a Berlin a 2018. Halilu bai ga wannan rana ba, domin ya rasu a 2001.

Abin takaici a nan shi ne, masu shirya finafinan Hausa na bidiyo sun taso ba su ga aikin magabacinsu ba, sai suka ɗauki darasi daga Indiya. Hakkin jami'a ne ta sa wannan fim cikin manhaja, ɗalibai su kalle shi kamar yadda suke karanta littafin.

Allah ya jiƙan magabata.